Idon Tsoho a Kumasi

A bakin kogin Gaya na fara gane cewa tafiyar nan ba za ta yi mani daɗi ba. Gada a rufe take, sai a jirgin ruwa ake tsallakawa zuwa Malanbil. Ni da ƙanena Isuhu muna tsaye cikin laka, kowa da jakarsa a ka, masu jirgi suna jan hannun rigunanmu. Ban taɓa ganin ruwa mai faɗin haka ba. A wajenmu can Illela ruwa tabki ne, kana tsaye kana ganin ƙarshensa. Shi kuwa Isuhu, da muka shiga jirgi, sai ya nuna wani tudu da haɓa, ya ce a nan ne Baba ya ce sun kwana a tafiyarsa ta farko, har kada ya ɗauke wa wani Bazabarme akuya. Fasinjoji suka juyo suna saurare, mai tuƙi ma ya yi dariya. Ni ban taɓa jin labarin kadan nan ba.

Uwarmu ɗaya ubanmu ɗaya da Isuhu. Ni ne na fari, shi ne auta. Wanda ya tashi a ƙasarmu ya san abin da wannan yake nufi. Ana yaye ni aka kai ni Dogarawa wajen kakata, a can na girma. In na zo gida ganin su, Tsoho, wato mahaifinmu, ba ya kiran sunana, sai dai ya ce a ba yaron nan fura. In na durƙusa gaishe shi, yana kallon gefe yake amsawa, ni kuma ina kallon ƙasa. Ba ƙiyayya ba ce, kunyar ɗan fari ce, kowa haka ya taras ana yi. Amma Isuhu a kan cinyarsa ya girma. Da shi ake zuwa gona a kan jaki, shi ake ba labarin Kumasi, inda Tsoho ya yi shekaru yana zuwa cin rani yana dakon goro. Har Allah ya karɓi ransa, ban tuna ranar da muka haɗa ido ba.

Abin da ya fito da mu shi ne aikin wata mata, Madam Hadiza. Iyayenta mutanen Tawa ne, amma a Yamai ta tashi, ta yi karatun sinima a ƙasar Turawa. A can ta tono wasu tsofaffin hotuna masu motsi da wani Bature ya ɗauka tun zamanin mulkinsu, baƙi da fari, babu murya. Ta yi ta yawo da su ƙauye ƙauye tana haskawa a bangon lakwal, wato makarantar boko, tana ɗaukar abin da mutane suke faɗa. Ba irin fim ɗin da muka saba gani ba ne. Takan tsayar da hoto, ta mayar da shi baya, ta sa shi ya yi tafiya a hankali kamar mai ciwon ƙafa. In tsofaffi biyu suka yi gardama a kan abin da suka gani, ba ta raba su, duka take ɗauka. A ƙauyenmu, da aka zo wurin wasu samari masu ɗauke da huhun goro a wata tasha, gwaggonmu ta dafe ƙirji ta ce wannan na tsakiya wanta ne. Isuhu ya yi tsalle ya je har jikin bango yana shafawa yana kuka. Ni ina can baya, na sunkuyar da kai. Madam ta ce tana so ɗan mutumin nan ya zo Kumasi, ya yi magana a wurin da aka ɗauki ubansa. Gwaggo ce ta ce ba za a ɗauki auta a bar babba a gida ba. Isuhu ya buga wa Madam waya ya ce akwai wanda zai rako shi. Da kunnena na ji.

A Malanbil wani mutum ya tare mu da Hausa irin tamu, ya ce shi ɗan Ƙonni ne, har ya lissafa unguwanni. Isuhu ya ba shi labarin kada, mutumin ya yi ta dariya yana tafa hannu, nan take suka zama abokai. Ya ce zai sa mu a motar da za ta kai mu Lome kai tsaye. Na ja Isuhu gefe na ce mu je gishe da kanmu mu yanki tikiti. Ya ce, “Yaya, kai ba ka san hanya ba. Ni tun ina yaro nike jin ta.” Muka ba mutumin kuɗin mota. A Faraku direba ya sauke mana jakunkuna ya ce iyakar abin da aka biya masa ke nan. Isuhu ya yi ta buga lambar abokinsa, ba ta shiga. Ya zauna a kan jaka ya yi tagumi. Ina jin tausayinsa, amma wani sashe na zuciyata ya yi sanyi. Ga wuri ɗaya dai da labaran Tsoho ba su yi masa amfani ba.

Mun yi kwanaki a tashar Faraku, ba mu da na gaba ba mu da na baya. Madam tana can cikin aiki, wayarta ba ta cika shiga ba, ni kuma na hana Isuhu ya roƙe ta. Wata mai koko a bakin masallaci ta lura da mu. Ba ma jin harshen juna. Da safe sai ta turo mana ƙwarya ɗaya da ƙosai, in na miƙa hannu aljihu ta kaɗa kai ta juya baya. Kokonta na masara ne, mai tsami. Ina sha ina tunanin furar gero da nonon Fulanin Illela, ina tunanin rumbuna da ban gama yaɓe ba, da matata da na bari da awaki. Na yi ta tambayar kaina abin da na fito nema. Ba a gayyace ni ba, ba ni da labarin da zan bayar.

Warin albasa ne ya cece mu. Na ji shi daga bayan tasha, na bi shi, na taras da babbar mota cike da albasar Galmi da aka tsallako da ita ta ruwa. Mai rakiyar kayan mutumin Malbaza ne, Alhaji Sale. Da na faɗa masa sunan kakata a Dogarawa sai ya ce ai ya sha ruwan randarta yana yaro. Ya ce mu hau, har Gana za shi. Haka muka yi hanyar a kan buhuna, rana tana dukanmu, idanu suna hawaye, a kowane shinge jandarma su sauke mu su juya katinmu gaba da baya. Alhaji Sale ni ya sani, saboda ni muka hau. Amma kafin mu kai teku, Isuhu ne yake zaune a gaba kusa da direba yana ba su labari, ni ina sama ina riƙe da igiya.

A Lome na ga teku. Na so in tsaya in kalle shi ni kaɗai, amma Isuhu ya riga ya fara. Baba ya ce ruwan ba ya ƙoshi da mutum, Baba ya ce ya ɗebo shi a kwalba ya kawo gida ba a yarda gishiri ne a ciki ba sai da aka lasa. A iyakar Gana ya gai da ma’aikaci da wasu kalmomi na harshen Asante da Tsoho ya koya masa, mutumin ya yi murmushi ya buga mana hatimi. Da aka kawo dokunu, tuwon masara a naɗe cikin ganye, ni ban san yadda ake cinsa ba, na kusa haɗawa da ganyen. Isuhu ya ɓare mani, ya ce haka Baba yake yi, a dangwala a barkono da kifi. Na ci, bai wuce mani ba. Ni abin da nake da shi kaɗai shi ne allunan bakin hanya. Ban daɗe da shiga ajin yaƙi da jahilci ba, ina haɗa baƙaƙe a hankali, kafin in gama sunan gari mun wuce shi. Amma da na ga KUMASI a kan wani koren allo, na karanta shi tun kafin yaron mota ya faɗa. Ban gaya wa kowa ba.

Madam ta tarbe mu a Zango, unguwar Hausawan Kumasi. Ta rungumi hannun Isuhu da hannu biyu tana kiransa Baba Isuhu, ta ce duk aikin shi yake jira. Ni ta ce mani sannu da ɗawainiya, Allah ya saka da na rako shi. Aka ba mu ɗaki a gidan wani dillalin goro. Mutanen Zango suna jin Hausa, amma tasu ta sha bamban da tamu, suna dariya in muka ce hwara ko hura maimakon fara ko fura. Kowa yana son ganin ɗan mutumin cikin hoto. Ana kawo wa Isuhu goro, ana kawo masa shayi, tsofaffi suna zuwa su zauna su ji ko ubansa ya san nasu uban.

A wani tsohon sito na goro ake aikin, kusa da tashar da Madam take zaton a nan aka ɗauki hoton. Ko da rana tsaka duhu ne a ciki, ga sanyi da ƙanshin ganyen huhu. Ta sa aka rataya farin ƙyalle. Wani lokaci takan haska hoton a kan ƙyallen, wani lokaci a kan bangon da ya tsattsage, har a kan farar rigar Isuhu ta haska, Tsoho yana tafiya a ƙirjinsa. Ni aka ba ni aikin riƙe gefen ƙyallen don kada ya yi motsi. Da hannuna ya gaji sai aka ba ni benci a baya. Hoton ba shi da tsawo. Samari suna tafe a jere da kaya a ka, na tsakiya ya rage tafiya, ya fara juyowa wajen mai ɗauka. Daga nan ban san abin da yake faruwa ba, don da wuyansa ya fara juyawa kaina yake yin ƙasa. Ba da niyya nake yi ba. Sai dai in ji mutane sun yi ƴar dariya, in ji Isuhu ya ce Allah sarki Baba.

Kwanaki ana haka. Isuhu yana magana, Madam tana gyaɗa kai. Gaskiya ya iya. Ya san nauyin huhu, ya san waƙar da ƴan dako suke yi in za su ɗaga kaya, ya san sunan matar da take ba su bashin abinci. Wasu labaran na ga yana ƙara masu gishiri, wanda ya faɗa jiya ba shi ne na yau ba, amma Madam ta ce hakan ma tana so, haka tunawa take. Sau ɗaya ta juyo ta tambaye ni ko ni ma na san marigayin. Na ce na san shi. Ta ce wane irin mutum ne. Na ce mutum ne mai haƙuri. Ta yi murmushin ladabi ta koma kan Isuhu. Ranar ban ci abinci ba, na ce cikina ne.

A ranar da aka ce ita ce ta ƙarshe, Madam ta ce Isuhu ya faɗi wani abu da uban ya taɓa kawo masa daga Kumasi, za ta ɗora maganar daidai wurin da yake juyowa, don nan ne zuciyar fim ɗin. Isuhu ya fara ba da labarin wani ƙaramin kwanon fenti mai zanen kifi a ciki. Ya ce Baba ya sayo masa shi a kasuwar nan, ya ɓoye shi cikin riga har gida, a ciki ya sha kunu duk yarintarsa. Na san ba ƙarya yake yi ba, haka ya ɗauka. Amma kwanon nan wani mai jaki ne ya kawo shi Dogarawa ina ƙarami, ya ba kakata, babu saƙo babu sunan wanda ya aiko. Ita ce ta raɗa mani cewa daga wajen Tsoho ya fito. Lokacin ko cikin Isuhu ba a yi ba. Sai da kakata ta rasu aka kwashe kayanta aka mayar gida, ya tashi ya gan shi a ɗakin uwarmu.

Ban san lokacin da na miƙe ba.

“Kwanon nawa ne,” na ce.

Mai riƙe da na’urar murya ya juyo yana harara ta. Isuhu ya ce, “Yaya, ana ɗauka hwa.”

“A ɗauka. Kada naka ne, teku naka ne, jaki naka ne. Kwanon ni aka aiko ma shi, Isuhu. Shi kaɗai gare ni.”

Madam ta sa aka kashe inji. Ta tambayi Isuhu me ke tsakaninmu, tana zaton ɗan baffansa ne ni. Ya sosa ƙeya ya ce ai wansa ne, ciki ɗaya, ni ne babba. Ta ce to me ya sa bai faɗa ba. Ya ce ba ta tambaya ba, kuma ai kowa ya gan mu ya sani. Ta dube ni ta daɗe. Ta ce ita ta ɗauka fim ɗin ne ba na so, ko ina ganin haramun ne, don duk lokacin da mutumin ya juyo sai in kau da kai. Ashe akwai wani ƙaramin inji da take ɗaukar fuskokin masu kallo da shi. Ta nuna mani kaina a ciki, tun daga ƙauyenmu har sito, kowane karo kaina yana sauka a wuri ɗaya kamar an ja shi da igiya. Na yi mata bayanin ɗan fari gwargwadon iyawata. Ta ce ta sha jin ana faɗa, kakarta ma ba ta kiran sunan babanta, amma ba ta san abin yana bin mutum har bayan mutuwa ba.

“To Baba Lawali,” ta ce, “ke nan ba ka taɓa ganin wurin ba?”

Na ce ban taɓa ba.

Ta fitar da kowa. Isuhu ya tsaya a bakin ƙofa, na ce shi ma ya fita. Ta kunna, ta sa shi a hankali, ta je ta juya mani baya. Samarin suka taho. Na tsakiya ya rage tafiya. Na sa hannu biyu na tallabe haɓata don kada ta sauka.

Yaro ne. Bai kai ɗana na biyu ba. Wuyansa siriri, jijiyoyi sun tashi saboda nauyin kaya, gumi yana bin tsagen kumatunsa. Ya juyo ya dube ni sosai, ido cikin ido, sai ya yi dariya, har da wushiryarsa a waje, ya ɗaga gira ɗaya kamar mai tsokana. Ban taɓa sanin yana da wushirya ba. Na ce ta maimaita, ta maimaita. Na zaci zan ji sanyi a raina. Abin da na ji shi ne haushin Baturen nan. Mutumin da bai san sunansa ba, bai san garinsu ba, ya tsaya a bakin hanya da akwatin ɗaukar hoto a kafaɗa, aka ba shi wannan dariya kyauta, ya ɗauka ya kai ƙasarsu ya rufe a ɗaki. Ni da na yi shekaru ina durƙusawa a gabansa, gefen fuska na samu.

Da aka dawo, Madam ta ce sai a raba maganar, ni ma in faɗi tawa a kan wurin. Isuhu ya ce shi ya yarda, in ba da labarin kwanon da bakina. Na ce ba ni da labari, kuma ba zan ƙago ba. Na ce ya yi magana daga farkon fim har ƙarshe, ai shi aka ba baki. Amma daga inda Tsoho ya fara juyowa zuwa inda ya mayar da kai, nan nawa ne, kada a sa muryar kowa. Madam ta ce me za a sa. Na ce abin da ni da Tsoho muka saba. Isuhu ya ɓata rai, don nan ne wurin da ya fi so, ya ce an kawo shi tun daga Illela an hana shi wuri mai daɗi. Har muka kamo hanyar gida bai cika yi mani magana ba, sai a Dosso da ya ga mai kilishi ya ce in saya masa, ai ni ne babba.

Bayan damina ta zagayo Madam ta kawo fim ɗin Illela. Aka haska shi a filin lakwal bayan magariba, mutane maƙil, har daga ƙauyuka an zo a amalanke. Muryar Isuhu ta cika filin, ana dariya ana salati, mata suna nuna shi da baki. Ina zaune a gefe cikin dattawa, babu wanda ya waiwaye ni. Sai aka zo wurin. Samari suka taho, na tsakiya ya rage tafiya, komai ya yi tsit. Hoton yana tafiya a hankali, babu waƙa babu magana. Mutane suka fara motsi. Wani ya ce murya ta ɗauke, wani ya tashi yana bubbuga lasifika, ana kiran mai inji ya duba waya.

Daga can gaba na ji Isuhu ya ɗaga murya yadda kowa zai ji.

“Ku zamna, ba ta ɗauke ba. Yaya ne ka magana.”

Aka yi dariya, wasu suka juyo suna nemana. Ban dube su ba. Tsoho ya riga ya fara juyowa, kaina kuma yana sama.